Kasko mara kamu: wata takwas ina soya biredi da ƙwai ba bota

Ranar da likita ya duba takardar gwajin jinina ya ce sukarina ya fara hawa, kitsen jini ma yana neman bin sahu, tun ban fito daga ofishinsa ba hankalina ya tafi kan karin kumallon ranar Asabar. Shekara da shekaru nake yi wa iyalina biredin nan da ake tsomawa cikin ƙwai da madara a soya. Ingilishi suna kiransa French toast, su kuwa Faransawa pain perdu suke ce masa, wato biredin da aka fid da rai da shi, don asalinsa dabara ce ta ceto biredin da ya kwana ya bushe. Ina son abin nan ƙwarai, kuma ban yi niyyar rabuwa da shi ba. Kaskon da zan yi magana a kansa shi ya sa har yau muna ci.

Ga yadda nake yi a da. Duk yanka huɗu na biredi ƙwai biyu nake fasa musu, in zuba rabin kofin madara mai cikakken mai, in sa sukari babban cokali biyu, in narka bota babban cokali biyu a kasko. In ya sauka kuma a kwarara zuma. Yanka huɗun nan ni da maigida muke rabawa, na yara daban. Da na zauna na yi lissafi sai jikina ya yi sanyi. Babban cokali ɗaya na bota yana da kalori kusan 100 da mai giram 11, kuma bakwai daga ciki irin man nan ne mai daskarewa da ake cewa a rage saboda zuciya. Sukarin kuwa, cokali biyun nan giram 25 ne. A 2015 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar kada sukarin da ake ƙarawa a abinci ya kai kashi 10 cikin 100 na ƙarfin da mutum yake samu daga abincinsa a yini, in ya gaza kashi 5 ya fi, wanda ga babba ya kama kusan giram 25, ƙaramin cokali shida. Zuma ma tana cikin wannan lissafi. Rabona daga sukarin ƙullun, in aka haɗa da babban cokalin zuma mai sukari giram 17, ya riga ya haye na yini guda tun hantsi bai yi ba.

Cire sukari bai ba ni wahala ba, hannu kawai na janye. Bota ce ta gagare ni. Na gwada a tsohon kaskona na silba da ɗan ɗigon mai, biredin ya manne ƙam, na ɗago rabi, rabi ya zauna a gindin kasko yana ƙonewa. Haka ƙwai yake da ƙarfe: in suka haɗu a kan wuta babu mai a tsakaninsu, sai sun riƙe juna. Ashe botar nan aiki biyu take yi, ga ɗanɗano ga raba faɗa. Bayan Asabar biyu na kankarar kasko na je na sayo mara kamu.

Faɗinsa santimita 28, jikinsa alminiyam ne mai kauri a gindi, yana da murfin gilashi da baƙin mariƙi wanda ba ya ɗaukar zafi. An shafe cikinsa da wani baƙin rufi mai santsi da masana suke kira PTFE, wanda mutane suka fi sani da Teflon. Wani masanin sinadarai ɗan Amurka, Roy Plunkett, shi ya gano sinadarin ba zato a 1938. Sai a 1954 wani injiniya Bafaranshe, Marc Grégoire, ya samo hanyar manna shi a jikin alminiyam. Da ma a kayan kamun kifinsa yake amfani da shi, matarsa ce ta ce ya gwada mata a kaskonta. Wannan labarin yana yi mini daɗi, don mai tsayawa a gaban murhu ita ta san inda abin zai yi amfani.

Yanzu ga yadda ƙullun ya koma. Ƙwai ɗaya cikakke da farin ƙwai biyu, domin man da ke cikin ƙwai, wajen giram 5, duk a gwaiduwa yake, farin kuwa kalori 17 ne kawai kuma ba mai. Na taɓa gwadawa da farin zalla, ban ji daɗinsa ba: ya fito fari fat, yana danƙo a baki. Gwaiduwa ɗayan nan ita ke ba shi launi da taushi, kada a kore ta. Sai madarar da aka cire wa mai, mililita 120, kirfa rabin ƙaramin cokali, ɗigon banila, ɗan gishiri da bai fi abin da yatsu biyu za su ɗauka ba. Wani lokaci ina goga gyaɗar ƙamshi kaɗan. Kirfa da banila ba su da sukari, amma ƙamshinsu yana sa harshe ya ji kamar da zaƙi a wurin, kuma gishirin ne yake fito da su.

A kasko kuwa rabin ƙaramin cokali na mai nake zubawa, in shafe shi da ɗan burushi ko takardar goge-goge har ya zama ƙyalli kawai. Yanka biyu masu kauri yake ɗauka a sake, uku in an matsa su, don haka zubi biyu nake yi. Jimillar man suya ƙaramin cokali ɗaya ke nan, kalori 40, inda a da bota kaɗai take cin 200. In na haɗa na ƙwai da na madara, man da ke cikin yanka huɗu ya sauko daga giram 35 da ɗoriya zuwa wajen 10.

Ranar farko da na tura faffaɗan cokalin katako ƙarƙashin biredin, sai ya zame tun ban ɗaga ba. Na girgiza kaskon, yankan biyu suka yi ta yawo a ciki. Wata takwas ke nan, kusan kowace Asabar, ban da ƙwan da nake soyawa a tsakiyar mako, bai taɓa riƙe mini ko ɓarɓashi ba. Abin da na saye shi dominsa ya yi shi sarai.

Sai dai kaskon nan ya koya mini haƙuri da wuta, kuma duk wanda ba zai iya wannan ba gara ya bar kuɗinsa a aljihu. Wuta matsakaiciya mai karkata ga ƙasa yake so. Dalili biyu ne. Na farko, rufin yana fara lalacewa in zafi ya wuce digiri 260 a ma'aunin Celsius, kuma kaskon da aka bari a kan babbar wuta ba komai a ciki ba ya jimawa yake kaiwa can. Hayaƙin da yake fitarwa a lokacin ba shi da kyau ga mutum, tsuntsayen gida kuwa yana iya kashe su. Na biyu, shi kansa biredin. Idan babu bota mai yawa da za ta rarraba zafi, babbar wuta sai ta ƙona waje ciki yana ɗanye, alhali abincin ƙwai ana so tsakiyarsa ta kai digiri 71. Minti uku nake ba kowane gefe. A gefe na biyu ina rufe murfin minti ɗaya, tururin ya dafa ciki har ya ɗan taso, sannan in buɗe in bar shi ya bushe. Murfin gilashin nan da na ɗauka ado ne ya zama rabin aikin. Kaurin gindin kuma shi ya sa babu inda ya fi wani wuri ƙonewa.

Biredin ma da nasa sharaɗin. Wanda ya kwana ɗaya ko biyu, kauri kamar santimita 2, na alkamar da ba a cire wa dusa ba. Sabon biredi yana shan ƙullu ya narke, ba kaskon da zai cece shi. Ina jiƙa kowane gefe daƙiƙa 20 zuwa 30, in ɗaga in bar ragowar ta ɗige, don ƙullun da ya malale a kasko wainar ƙwai yake zama a gefen biredin. Wanda zai yi da irin biredin Faransawa mai laushi da ake kira brioche ya sani an riga an cuɗa shi da bota da ƙwai tun a wajen gashi, rage man suya ba zai rage abin kirki ba.

Na yi tsammanin in babu sukari ba zai yi ja ba. Yana yi, don madara tana da nata sukarin na halitta, kuma shi ne yake haɗuwa da furotin ɗin ƙwai a kan zafi ya ba da launin nan. Amma launin zinariya ne mai haske, bai kai na da duhu ba. Kuma gaskiya ɗaya ce: ƙurus-ƙurus ɗin gefen nan da bota take bayarwa, da ƙamshinta in ta fara kumfa, wannan kaskon ba zai dawo da su ba. Asabar ta farko autata ta ci loma biyu ta ɗago kai.

“Umma, yau kin manta da wani abu ko?”

“Ban manta ba, 'yar auta. Likita ne ya ce in rage.”

Ta yi shiru, sannan ta ce, “To ki sa mana ayabar nan a kai.”

Shawararta ce ta gyara abin. Da zarar biredi ya sauka sai in jera yankakkiyar ayaba a kaskon, ba ƙarin mai, minti ɗaya kowane gefe. Sukarin jikinta yana narkewa ya yi ja, wanda a kaskon silba da ya zama ƙonannen danƙo, a nan kuwa zamewa yake yi. Tuffa ma tana yi, sai dai tana son ɗan ruwa cokali biyu da murfi. A kai in ɗora yogot mara sukari cokali ɗaya. Ni rabin ayaba nake ci da yanka biyu, ba na ƙarawa, domin biredi ko na alkama ne sitaci ne, a jini sukari yake komawa. Kasko bai canza wannan ba, kuma mai ciwon sukari ya tambayi likitansa adadin da ya dace da shi.

Aibin kaskon nan uku na gani. Tsakiyarsa ta ɗan fi gefe tudu, don haka mai da ƙwai suna gangarawa baki, dole in riƙa juya yankan kai da ƙafa. Ƙusar mariƙin guda ɗaya ce, ta fara kwancewa a wata na huɗu, na ɗaure ta sau biyu zuwa yanzu, kuma ba ƙaramin abu ba ne mariƙi ya yi lilo mutum yana riƙe da kasko mai zafi. Na uku, rufin ba ya yafiya. Sau ɗaya cokalin ƙarfe ya shiga cikinsa, zanen yana nan har yau kusa da baki.

Na kuma gwada man feshi na gwangwani sati uku, na daina. Yana barin wani danƙo mai ruwan ƙasa a inda abinci bai rufe ba, wanda soso mai laushi ba ya fitarwa da sauƙi, kuma soson ƙarfe haramun ne a nan. Burushi da rabin cokalin mai sun fi. Wanki kuwa sai ya huce, don ruwan sanyi a kan alminiyam mai zafi yana lanƙwasa gindi. Daga nan ruwan ɗumi da sabulu, minti ɗaya ya isa. In zan ajiye shi ina shimfiɗa ƙyalle a ciki kafin in ɗora wani kasko a kai.

Mai son soya nama a kan wuta mai ƙarfi ya riƙe kaskonsa na ƙarfe, wannan ba nasa ba ne. Kuma ba kayan gado ba ne, rufin irin waɗannan kasake 'yan shekaru yake yi ya gaji ko da an lallaɓa shi. Ranar da nawa ya fara kamu zan sayi wani irinsa, mai murfi, mai gindi mai kauri. Amma kafin in biya sai na kwantar da abin awo a cikinsa na ga ko tsakiyar a shimfiɗe take, kuma sai na juya shi na ƙirga ƙusoshin mariƙin.