Gargaɗi: masu tallar kujerar zuwa sararin samaniya a Gombe 'yan damfara ne

Jama'ar Gombe, don Allah a kula. Akwai saƙon da ke yawo a WhatsApp, da hoton roka da na Turawa suna shawagi cikin kumbo. Wai ka biya naira 50,000 kuɗin rajista, sunanka ya shiga ƙuri'ar zuwa sararin samaniya. In kuma ka kawo mutum uku, a mayar maka da kuɗinka har da riba. Wallahi cuta ce, kada kowa ya saka ko kwabo.

Abin da ya sa maganar take shiga kunne shi ne, tafiyar da gaske an yi ta. A watan Yulin 2021 Richard Branson ya tashi a jirgin kamfaninsa Virgin Galactic, bayan kwana tara Jeff Bezos ya hau kumbon New Shepard na Blue Origin daga jihar Texas ta Amurka. Kumbon Bezos yakan wuce kilomita 100 a sama, fasinja su yi 'yan mintoci ba sa jin nauyin jikinsu, sannan laima ta sauko da su. Duka-duka abin bai wuce minti goma sha ɗaya ba. Amma a dubi kuɗin: a 2021 Virgin Galactic ya sa kujera ɗaya dala 450,000, kujerar da Blue Origin ya yi gwanjonta kuwa dala miliyan 28 aka taya. Kumbon mutum shida yake ɗauka. To ina naira 50,000 za ta shiga cikin wannan lissafi?

Suna kuma fakewa da sunan NASRDA, hukumar binciken sararin samaniya ta Najeriya, saboda a 2024 ta sanar da yarjejeniya da wata ƙungiya mai suna SERA don tura ɗan Najeriya sararin samaniya. Kujera ɗaya tak ake magana, ba ɗaruruwan da waɗannan mutane suke rabawa a unguwanni ba.

Ƙanwar matata da ke Pantami ta faɗa hannunsu. Kuɗin adashinta ne, wanda take tarawa don sayen keken ɗinki. Da ta nuna mini shaidar biyan, sai na ga asusun sunan wani mutum ne, ba kamfani ba. Fom ɗin da aka turo mata yana neman lambar BVN da NIN da hoton fasfo, wanda wannan shi ya fi tayar mini da hankali, domin da su ake cin bashi da sunan mutum bai sani ba. Kwana kaɗan suka dawo wai ta ƙara kuɗin gwajin lafiya. Ta ce, "Yaya, ai ni ba tafiyar nake so ba, ribar aka ce mini." Yawancin masu shiga haka suke. Salon MMM ne na 2016 da CBEX na 2025: kuɗin na baya ake ba na gaba, ranar da sababbi suka daina zuwa a rufe guruf.

Wanda ya riga ya tura, ya garzaya bankinsa yau ɗin nan ya kai ƙorafi, ya ajiye hotunan hirar da lambar asusun, ya kai ofishin EFCC na nan Gombe. In aka kira ka ana neman lambar da ta shigo wayarka, kada ka bayar. Waɗanda kuma ka gayyata, ka kira su ka shaida musu kafin su biya.