Shagon turin da na samo katun ɗin da ke tsokanar labaran silima

Jama'a akwai wani shagon tura finafinai a bakin titin unguwarmu, yaron da ke wurin yana da fayil guda na tsofaffin katun baƙi da fari, ya ce tunda ya ajiye ba wanda ya taɓa tambaya sai ni. Na ba shi memori ya cika min.

Abin da nake nema shi ne irin katun ɗin da ke kwaikwayon labaran da ake haskawa a silima kafin a sa babban fim, lokacin ba talabijin, a nan mutane ke ganin abin da duniya ke ciki. Na samu Newman Laugh-O-Grams na 1921 wanda Walt Disney ya yi a garin Kansas City na Amurka yana ɗan shekara 19, ba magana a ciki, galibi hannu za ka gani yana zane, kuma abin da yake tsokana ramukan titin garinsu ne da ɓarnar 'yan sandansu, wallahi sau uku na maimaita shi. Akwai kuma Porky's Snooze Reel na 1941 da Nutty News na 1942, su kam akwai murya, mai bayani ya ɗaure fuska da murya kamar zai faɗi babban labari sai hoton ya nuna maka shirme zalla.

Baba yana gefe yana leƙowa sai ya ce ai wannan salon majigi ne, irin wanda mota take kawowa ƙofar fada da daddare suna yara, shi ma mai bayanin haka yake kumbura murya. Hirar da muka yi daren nan kaɗai ta biya ni kuɗina.

Inda shagon ya gaza, bai jera su ba sam, sunayen duk lambobi ne sai ka buɗe ɗaya bayan ɗaya, wasu hoton ya dushe, guda biyu ma sun ƙi buɗewa. Na tambaye shi Canimated Nooz Pictorial na Wallace Carlson da kamfanin Essanay ya fara fitarwa a 1915, bai da shi. Amma yaron yana da kirki gaskiya, da na koma ya sake tura min biyun bai karɓi ko sisi ba, kuma ya ce in leƙo ranar Asabar zai duba min.