Chaplin ko Keaton: Da Wa Za a Fara Kallo?

Masu sha'awar gajerun finafinan barkwanci na zamanin da fim ba shi da sauti sukan tambaya ko da Charlie Chaplin ya kamata su fara ko da Buster Keaton. Ta fuskar kuɗi babu bambanci, domin yawancin finafinan suna intanet kyauta, sai dai a guji kwafin da hotonsa ya dushe.

Finafinai 12 da Chaplin ya yi wa kamfanin Mutual a 1916 da 1917 sun fi saurin shiga rai, saboda matalaucin da yake fitowa a matsayinsa, mai sanda da ɗan gashin baki, yana fama da yunwa da 'yan sanda, har dariya ta haɗu da tausayi.

Keaton kuwa, wanda ya fitar da nasa 19 tsakanin 1920 da 1923, ba ya ko murmushi. Barkwancinsa yana cikin gine-gine da injuna da tsalle-tsalle masu haɗari da yake yi da kansa, kuma a ganina nasa sun fi jure maimaita kallo, domin kowane motsi an auna shi.

Mai son labari mai taɓa zuciya, ko mai kallo tare da yara, Chaplin ya fi dacewa da shi. Mai son nazarin dabarar shirya fim ya nemi Keaton.