Mamot da mastodon: wanne ne ɗan'uwan giwa na kusa?

Malama, barka da yamma. Kin ce ɗalibanki na makarantar sakandare a Tudun Wada sun ga hoton mamot da na mastodon, dabbobi masu kama da giwa da suka shuɗe tun da daɗewa, duka da gashi da haure, suka ce ai dabba ɗaya ce, kuma ita ce kakar giwar Yankari. Dabbobi biyu ne daban, kuma babu ɗaya a cikinsu da ta haifi giwarmu.

Ki kawar da idonsu daga gashi da haure, ki kai su ga turamen haƙora, don a nan masana suke raba gardama. Turmin mamot shimfiɗaɗɗe ne, da layuka masu tauri a jere kusa da juna, irin na giwar yau. Da shi take niƙe ciyawa mai kaushi a filin Allah. Turmin mastodon kuwa tudu-tudu ne, bibbiyu a jere, kamar kiret ɗin ƙwai da aka kife. Wannan haƙori na mai karya rassa da tauna ganye ne, shi ya sa ake yawan tono ƙasusuwanta a inda dā daji ne mai fadama. Ko yaro aka ɗora wa haƙoran nan biyu a tafin hannu ba zai ce na dabba ɗaya ne ba.

Ƙirar jiki ma ta bambanta. Mamot tana da kai mai tsini da tozo, bayanta ya gangara, haurenta ya lanƙwashe sosai, tsayinta a kafaɗa wajen mita 3. Mastodon ba ta cika kai haka ba, amma ta fi kauri da tsawon jiki, kanta a baje.

Maganar dangantaka ita ce ta fi muhimmanci. Mamot gida ɗaya take da giwar Afirka da ta Asiya, wato Elephantidae, har gwajin ƙwayoyin gado ya nuna ta fi kusa da giwar Asiya fiye da yadda giwar Asiya take kusa da tamu. Mastodon 'yar wani gida ce, Mammutidae, wanda ya rabu da layin giwaye fiye da shekaru miliyan 20 da suka wuce. Sunayen kimiyya suna ƙara dagula lissafi: mastodon ita ce Mammut, mamot kuma Mammuthus. Ki ja kunnen masu rubuta jarrabawa a kan wannan.

Mastodon da ake yawan nunawa a littattafai 'yar Amurka ta Arewa ce, ta ƙare kusan shekaru 11,000 da suka wuce. A 1739 wata tawagar Faransawa ta kwaso ƙasusuwanta daga Big Bone Lick da ke jihar Kentucky ta yanzu, aka kai Faris, aka yi ta muhawara ko na giwa ne ko na dorina. Masanin Faransa Georges Cuvier ne a 1796 ya kwatanta ƙasusuwan ya nuna cewa akwai dabbobin da suka rayu suka shuɗe ƙaf, abin da mutane da yawa a lokacin ba su yarda yana yiwuwa ba. Mamot ta fi sa'a wajen adana gawa, don ƙanƙarar Siberiya ta riƙe ta da fata da nama. A 2007 aka samu wata jaririyarta a yankin Yamal na Rasha, kusan cikakkiya, wadda ta mutu shekaru wajen 42,000 da suka wuce. Ragowar mamot kuma sun daɗe a raye a tsibirin Wrangel da ke arewacin Siberiya har zuwa kusan shekaru 4,000 baya, bayan an riga an gina manyan dalar Giza.

Abin da nake ganin littattafanmu ba sa ba shi haƙƙinsa shi ne tushen duka a Afirka yake. Ita kanta mamot a nan ta fara, kimanin shekaru miliyan 5 baya, kafin zuriyarta ta haura arewa ta yi gashi. In aka ƙara komawa baya, akwai Moeritherium da masanin Birtaniya Charles Andrews ya bayyana a 1901 daga Fayum a Masar: ba ta kai mita 1 a tsayi ba, ba ta da dogon hanci, rayuwarta a bakin ruwa, wajen shekaru miliyan 36 baya. Ita ma reshe ce ta gefe, ba kaka ta kai tsaye ba. Wadda ta girme ta ita ce Eritherium daga Maroko, mai shekaru kusan miliyan 60, nauyinta 'yan kilo kaɗan.

In ɗaliban sun nemi dangin giwa da ke raye bayan giwaye, ki ce musu ayu na kogin Binuwai da agwadar kan duwatsu. Za su yi musu, sai ki sa su binciko da kansu kafin darasi na gaba.