Gargaɗi ga masu neman fuloti: rasidin kuɗin ƙasa ba shaidar mallaka ba ce

Jama'a, ina roƙonku ku karanta wannan kafin ku ba wani dillali ko sisin kwabo. Abin ya faru ne da ƙanina, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma har yau muna zaryar kotu.

Shekara shida yana dako da ƙaramin kasuwanci a Legas yana tara kuɗin fili. Da ya dawo Kano, dillali ya kai shi wani fuloti a gefen gari, awon gwamnati, ya haɗa shi da wanda ya ce shi ne mai wurin. Mutumin ya zaro rasidai na kuɗin ƙasa, na shekaru a jere, kowanne da hatimi da lambar fayil. Sunan da ke jiki na mahaifinsa ne marigayi. Ya ce, "Alhaji, ai kai ma ka gani, ni nake biya tun rasuwar Baba. Satifiket ɗin yana wurin lauya, da ka cika kuɗi zan kawo maka." Ya ƙara da cewa wani zai kawo kafin alƙalami gobe da safe. Ƙanina ya biya, dillali ya karɓi la'adarsa.

Ranar da aka sauke bulo, magada suka fito. Ashe ba a raba gadon ba, akwai mata a ciki, akwai marayu ƙanana. Satifiket ɗin kuwa yana hannun babbar yayarsu tun farko.

Abin da ya fi ƙona mini rai, rasidan nan ba na bogi ba ne. Na gaskiya ne, shi ya sa tarkon yake kama mutane. Rasidi yana nuna an biya gwamnati kuɗinta ne kawai. Bai ce wanda ya riƙo shi ne mai fili ba, bai kuma ce shi kaɗai ne magaji ba.

Ko satifiket ɗin kansa, wato C of O, takardar da gwamna ke bayarwa ta haƙƙin riƙe fili, ba ya kashe magana. A shari'ar Ogunleye da Oni ta 1990, Kotun Ƙoli ta Najeriya ta nuna cewa idan wani ya tabbatar yana da haƙƙin da ya riga naka a kan filin, takardarka ba za ta cece ka ba. To ina ga rasidi? Sannan Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, a sashe na 22, ta ce ba a sauya hannun fili mai takardar gwamna sai da amincewar gwamna, sashe na 26 kuma ya ce cinikin da aka yi saɓanin dokar ɓatacce ne. A fiƙihunmu na Malikiyya ma, wanda ya sayar da abin da ba nasa ba, cinikin yana rataye ne a kan yardar masu abin. Magadan nan sun ce ba su yarda ba, kuma ban ga laifinsu ba. Haƙƙinsu ne.

Da ƙanina ya ɗauki lambar fayil ɗin ya je KANGIS, hukumar da ke ajiye bayanan filaye ta jihar Kano, ya nemi a bincika masa, da ya san halin da filin yake ciki. Mutanen Kaduna suna da KADGIS, na Abuja suna da AGIS. In an ce maka filin gado ne, ka nemi takardar rabon gado daga kotun shari'a, ka ga sauran magada da idonka, matan ma a ji daga bakinsu. Ka taka wurin mai unguwa, ka tambayi maƙwabtan filin ba tare da dillali ba. Duk wanda ya ce "yau ko gobe, in ba haka ba ka rasa", ka bar masa kayansa.

Wanda ya sayar ya kashe wayarsa, dillali ya ce shi ma yaudararsa aka yi. Bulon ƙanina yana nan jibge a filin, damina ta biyu ke nan tana dukansa.