Wace inshora za ka saya kafin ka miƙa wa wani makullin motarka?

Da ni ma ina cikin masu zaton cewa in ba kai ke riƙe da sitiyari ba, babu ruwanka da diyya. Ranar da direbana ya kwashe wani mai babur yana dawowa daga aiken da na tura shi, ranar na gane kurena. Lauyan mutumin ko kallon direban bai yi ba, sunana ya rubuta. A ƙasashen da suka gaji tsarin shari'ar Ingila, ubangida ke ɗaukar ɓarnar da ma'aikacinsa ya yi a bakin aiki. Jamus ma ta fi tsanani, don dokar hanyarsu tana ɗora wa mai mota diyya ko da babu sakaci daga wajensa.

Inshorar mota mafi arha ita ce ta dole, wadda Birtaniya ta wajabta tun 1930 kuma yawancin ƙasashe suka bi sahu. Wanda ka buge take biya, ko jikinsa ko dukiyarsa, taka motar kuwa sai dai ka ji da kanka. A wurare da yawa kuɗin ɓarnar dukiya yana da iyaka, abin da ya haura daga aljihunka zai fito. Akwai ta tsakiya, mai ƙarin gobara da sata. Ban ga abin da take tsinana wa mai shiga cunkoso kullum ba.

Ni dai cikakkiya nake saya. Tana biyan wanda aka buge, ta gyara taka ko da laifin naka ne, in kuma motar ta tashi daga aiki a ba ka kuɗinta. Amma kada sunan ya ruɗe ka, a cikin sharuɗɗa ake binne mutum. Fara da duba wa aka yarda ya tuƙa: wata takardar sunanka kaɗai ta ambata, wata ta ce duk mai lasisi da ka ba izini. In kana da direba, ko ƙani mai yawan aron mota, ta biyun za ka nema ko da ta fi tsada. Duba kuma ko an rubuta motar gida ce ko ta haya, don in ka ɗauki fasinja da ta gida kamfani na iya zamewa. Sai kason farko da kai za ka biya a kowane hatsari; da yawa suna rage maka kuɗin shekara ne ta hanyar kumbura wannan kason. Wanda zuciyarsa ba ta kwanta da inshora ba, akwai takaful, tsarin taimakekeniya da ya faro a Sudan a 1979, shi ma yana da cikakkiya.

Abin da ya ƙona ni kuwa, takardar jabu ce. Wani ɗan kamasho ya yi mini ita cikin minti goma, da hatimi da komai, bai ko tambayi lambar injin ba. Shekara biyu ina nuna ta a shingen bincike ana ɗaga mini hannu. Da na kai ta ofishin kamfanin, matar da ke kan tebur ta buga lambar sau biyu a kwamfuta, ta juyo mini da fuskar na'urar: babu ni. Kuɗin asibiti, sabon babur, da na watannin da mutumin ya yi a kwance, duk ni na biya.

Wasu ma sun fi wancan wayo. Sai su saya maka ta gaskiya, su ba ka takarda, bayan mako guda su soke ta su karɓe kuɗin. Wasu su rubuta motar haya a matsayin ta gida don farashi ya sauko. In aka ce ka tura kuɗi asusun mutum ba na kamfani ba, tashi ka tafi. In fallen takarda ɗaya aka ba ka babu kundin sharuɗɗa, tambayi ina sauran. Kada ka kira lambar wayar da ke jikin takardar, abokin ɗan damfarar ne zai ɗauka. Nemo ta kamfanin daga shafin hukumar da ke sa ido kan inshora a ƙasarku. Ni yanzu sau biyu nake tantancewa, ranar da na biya da kuma bayan wata guda.