Kalkuletan Casio fx-991ES Plus da na saya wa ƙanwata

Wata uku kenan da na saya wa ƙanwata wannan kalkuleta, tana aji biyu na babbar sakandare, kuma gaskiya da farko na yi ta mita saboda kuɗinsa, ina cewa ai wayata ma tana lissafi, to amma ba a shiga aji da waya balle ɗakin jarrabawa.

Abin da ya sa na yarda kuɗina bai tafi a banza ba wani asaimen ne da aka ba su. Wai kaya na naira 2000 ne, kullum farashinsa yana ƙaruwa da kashi 10 cikin 100, nawa zai kai bayan kwana 5. Ita kuwa ko tunani babu ta ce ai goma sau biyar hamsin ne, kashi 50 cikin 100, ƙarin rabin 2000 kenan, ta rubuta 3000. Ni ma wallahi da ni ne haka zan rubuta, kar ku ga ina ta cika baki. Ashe ƙarin rana ta biyu ba a kan 2000 yake hawa ba, a kan 2200 yake hawa, ƙari ne kan ƙari.

A nan kalkuletan ya burge ni. Ka danna 2000 ka danna =, sai ka danna alamar sau, zai rubuto maka Ans da kansa, wato amsar da ta fito a baya, ka sa 1.1, wato kuɗin haɗe da ƙarin kashi 10 ɗinsa, ka danna = kuma. Daga nan ba sai ka sake rubuta komai ba, duk dannawa ɗaya kwana ɗaya ce: 2200, 2420, 2662, 2928.2, 3221.02. Yarinyar nan da idonta ta ga ƙarin yana girma, 200, 220, 242, ba wanda ya tsaya yi mata dogon bayani. Har ta ci gaba da dannawa don ta ga ranar da kuɗin zai ninka, a kwana na 7 bai kai 4000 ba, sai a na 8 ya haura, ba kwana 10 ba kamar yadda ni da ita muka zata. Daga baya malaminsu ya nuna musu gajeriyar hanya, 2000 sau 1.1 da ƙaramin 5 a samansa, amsa ɗaya ce, amma ta ce ta dannawar ce ta sa abin ya zauna mata.

Abu ɗaya da zai rikita sabon shiga, wani lokaci amsar takan fito sama da ƙasa, maimakon 2928.2 sai ka ga 14641 bisa 5. Mun ɗauka ya lalace ne har na fara neman rasit, ashe botin ɗin da aka rubuta S⇔D kawai za ka taɓa ya juya maka.

Yana da sola ga kuma ɗan ƙaramin batir, murfinsa ma mai ƙwari ne, ya sha faɗuwa daga jaka bai yi komai ba. Sai dai jabu sun cika kasuwa, a danna botina a shagon a ji ko suna da lagwai-lagwai kafin a biya. Kuma malaminsu ya ce duk wanda ya kawo masa 3221.02 tsurarta babu matakan aiki ba zai ba shi cikakken maki ba, don haka yanzu tana dannawa tana kwafe kowace rana a littafi.